Duwatsun Katsina Laka Ba Tsakuwar Titi Ba Ne

Duk wanda ya bi hanyar Funtua zuwa Gusau, ko ya karkata ta Bakori ya nufi Malumfashi, zai ga abu biyu da ba sa ɓoyuwa: gonakin masara da dawa da auduga iya ganin ido, da jiba-jiban duwatsu da ke tsaitsaye a tsakaninsu. Gonakin kowa ya san darajarsu, domin su ke cika kasuwannin Dandume da Bakori da Sheme, daga nan kuma manyan motoci su kwashi hatsi zuwa Dawanau da Legas. Duwatsun kuwa, a idon yawancin masu wucewa, tsakuwa ce kawai da ba a kai ga fasawa ba. Alhali tun ba a san Funtua da jirgin ƙasa ba, tun ba a san Malumfashi da injin gurzar auduga ba, a gindin irin waɗannan duwatsu da yawa daga cikin garuruwan yankin suka kafu. Nan ne mafakarsu, nan ne rumbunansu, nan ne fadar sarakunansu.

Lokaci ya yi da Gwamnatin Jihar Katsina da Masarautar Katsina za su ɗauki waɗannan wurare a matsayin dukiyar al'umma. A auna su, a yi musu iyaka, a rubuta tarihinsu tun da sauran dattawan da za a tambaya.

Wannan yanki shi ne ake kira Katsina Laka, ƙasa mai ni'ima wadda ta fi arewacin Katsina samun ruwan sama. Marigayi Dokta Yusufu Bala Usman, haifaffen Musawa, ya yi wa yankin kyakkyawan bayani a littafinsa na 1981 kan sauye-sauyen da Katsina ta gani daga 1400 zuwa 1883. Wanda ya karanta shi zai gane cewa kudancin Katsina ba daji ba ne da ke jiran Turawa su zo su buɗe. Akwai Maska, kusa da Funtua, wadda ta yi suna da saƙa da rini. Akwai Gozaki, a Ƙaramar Hukumar Ƙafur ta yau, gari mai sarautarsa a kan iyakar Kano da Zazzau. Akwai Birnin Kogo a ɓangaren Faskari, da Pauwa a duwatsun Ƙanƙara. Can yamma, a inda yanzu ya zama Jihar Zamfara, akwai 'Yandoto garin malamai da Kwatarkwashi mai dogon dutse, waɗanda su ma a da ƙasar Katsina ce.

Garuruwan sun ja baya, amma sarautunsu suna nan da rai. Hakimin Funtua shi ne Sarkin Maska. Hakimin Ƙanƙara shi ne Sarkin Pauwa. A Tsafe ana kiran sarki 'Yandoto, a Gusau kuma Sarkin Katsina. Duk ranar hawan salla ana busa wa waɗannan sarautu, ana yi musu kirari. Amma a tambayi ɗalibin sakandare a Funtua inda ganuwar Maska ta bi, ko ƙofa nawa gare ta, sai ya yi shiru. Ba laifinsa ba ne, ba wanda ya taɓa kai shi ya gani.

Me ya kai mutanen da gindin dutse? Lissafi ne na masu hankali. Ƙarfin yaƙin ƙasar Hausa a kan doki yake, doki kuwa ba ya hawa santsin dutse da lifidi a jikinsa. Mutum ɗaya a kan tsauni yana hango ƙurar mahara tun suna nesa, ya buga kuge ko ganga, mata da yara da dabbobi su haye sama kafin a iso. Ruwan da ya sauka kan dutse gindinsa yake gangarawa, saboda haka rijiya ba ta wuyar haƙa, ƙasar wurin kuma ta daɗe da danshi. Inda dutse ya bar giɓi sai a toshe da ganuwa, ta jeren duwatsu ko ta jar ƙasa, a haƙa gwalalo a bayanta, a bar sarƙaƙiya ta rufe gwalalon. Aikin gayya ne, kowace unguwa da rabonta, kuma bayan kowace damina sai an sake fita yaɓe.

Muhimmin abu shi ne ba gidaje kaɗai ake kewayewa ba. Ana shigar da gonaki da kududdufai da makiyaya cikin ganuwa, don ko abokan gaba sun yi zaman dirshan a waje, na ciki su samu abin kai wa baka. Da Baturen Jamus Heinrich Barth ya zo Katsina a 1851, ya ƙiyasta kewayen ganuwarta da mil 13 zuwa 14, ya kuma tarar mafi yawan abin da ke ciki fili ne da gonaki. Haka tsarin yake a Kano, wadda ta taso daga gindin Dala, da Zazzau, wadda tarihinta ke manne da duwatsun Turunku da Kufena. Garuruwan Katsina Laka ƙananan 'yan'uwan waɗannan birane ne, kuma da yake suna kan iyakar ƙasashe uku ko huɗu, sun fi kowa bukatar zama cikin shiri.

Ƙarni na 19 bai ba su hutu ba. A farkon jihadi, rundunar Muhammadu Bello ta ci 'Yandoto. Birnin Katsina ya faɗa hannun masu jihadi a 1807, Malam Ummarun Dallaje ya zama sarki, zuriyar tsofaffin sarakuna kuma ta koma arewa ta kafa Maraɗi. Daga can aka yi ta kawo hare-hare cikin ƙasar Katsina shekara da shekaru, musamman zamanin Sarki Ɗan Baskore. Tawayen Ɗan Mari a wajejen 1843 ya jawo ƙasar Ruma ta watse ta koma daji, dajin kuma ya zama hanyar mahara zuwa kudu. A irin wannan zamani, garin da ba shi da ganuwa ko dutsen fakewa bai cika kwana biyu ba.

Abin da mashi da kibiya suka kasa, hanya da ciniki suka yi. Turawan Ingila sun shiga Katsina a 1903. Da hare-hare suka lafa, sai mutane suka bar matsin gindin dutse suka bazu cikin fili inda gona ta fi yalwa. Aka ɗauke mazaunin Sarkin Maska aka kai Funtua, Galadiman Katsina ya zauna Malumfashi. Layin dogo daga Zariya ya ratsa Funtua ya wuce Gusau har Ƙaura Namoda, inda ya isa a 1929. Kamfanin Turawa na sayen auduga ya kafa injinan gurza. Kasuwa ta koma bakin tasha, tsofaffin garuruwa suka zama ƙauyuka, wasu suka zama kufai. Tun da ba wanda za a tsare wa, aka daina yi wa ganuwa yaɓe.

Wannan ba ƙasar Hausa kaɗai ya samu ba. A Koriya ta Kudu, kimanin kilomita 25 kudu maso gabas da Seoul, akwai wani birni a kan dutse mai suna Namhansanseong. Tushensa daɗaɗɗe ne, domin masana na danganta shi da wani sansani da daular Silla ta gina a shekarar 672. Sarki Injo na daular Joseon ne ya sa aka gina ganuwar da ake gani yanzu, daga 1624 zuwa 1626, don ta zama fadar gudun hijira idan babban birni ya shiga haɗari. Ganuwar dutse ce mai tsawon kusan kilomita 12, tana bin ƙirjin tsauni, da manyan ƙofofi huɗu da ƙananan ƙofofin sirri. Cikin maginanta har da sufayen addinin Buddha, waɗanda aka gina wa wuraren ibada a ciki suka zauna a matsayin dakarun tsaro.

Shekara goma bayan kammala ta, ranar da ake gudu ta zo. Cikin tsananin sanyin ƙarshen 1636, rundunar Manchu ta Sarki Hong Taiji ta kwararo daga arewa da saurin da ya hana Injo isa tsibirin Ganghwa, inda aka riga aka tura iyalan gidan sarauta. Sai ya haye Namhansanseong da sojoji kimanin 13,000 da abincin da bai wuce na kwana 50 ba. Aka yi musu ƙawanya. Fadawa suka rabu biyu, masu cewa a yi sulhu da masu cewa a mutu da daraja, suna ta gardama sojoji na daskarewa a kan badala. Rundunonin da suka taso daga larduna don kawo ɗauki aka tare su a hanya. Da labari ya zo cewa Ganghwa ta faɗi kuma an kama iyalan sarki, Injo ya sauko bayan kwana 47, ya durƙusa gaban Hong Taiji a Samjeondo, bakin kogin Han. Aka tafi da yarima mai jiran gado garkuwa.

Abin lura a nan shi ne Manchu ba su fasa ganuwar ba. Yunwa da sanyi da rashin ɗauki ne suka buɗe ƙofa daga ciki. Masu iya magana sun ce ba a fafe gora ranar tafiya, kuma sarakunan Joseon da suka biyo baya sun gane haka: suka ƙara ganuwar waje a kan tsaunukan da abokan gaba suka kafa igwa, suka cika rumbuna, suka riƙe wurin a matsayin gari mai hukuma da mazauna wajen 4,000. Maginan Gozaki da Katsina, da suka shigar da gona cikin ganuwa, sun riga sun san wannan darasi ba tare da sun taɓa jin sunan Koriya ba.

Shi ma Namhansanseong ya ɗanɗana wulaƙanci. A 1907 sojojin Japan sun lalata wuraren ibadar da ke ciki saboda makaman da ke ajiye a can. Bayan shekara goma aka ɗauke hedikwatar gunduma aka saukar da ita ƙasa, kamar yadda aka yi wa Maska. Fadar ta rushe, ciyawa ta rufe harsashinta. Bambancin ya fara ne daga abin da aka yi bayan haka. A 1963 gwamnati ta sa wurin cikin jerin wuraren tarihi na ƙasa. A 1971 aka mai da shi gandun shaƙatawa na lardi. Masu binciken kufai suka haƙa, aka nemo tsofaffin taswirori da hotuna, aka sake gina fadar bisa harsashinta na asali. A 2014 hukumar UNESCO ta sa shi cikin kayan tarihin duniya. Yanzu mutanen Seoul kan hau can ƙarshen mako, 'yan makaranta na zagaya badala da malamansu.

A duba shekarun da kyau. A 1963 Koriya ta Kudu matalauciyar ƙasa ce, shekara goma kacal da fitowa daga yaƙin da ya ragargaza ta. Ba ta jira ta yi arziki ba kafin ta ja layi ta ce nan ba mai taɓawa. Kuma wurin da ta killace ba fagen nasara ba ne, wurin da sarkinta ya sha kunya mafi girma ne. Sun riƙe shi don 'ya'yansu su san yadda aka yi aka faɗi.

A kudancin Katsina kuwa, kowace damina da abin da take ɗauka. Jama'a sun ƙaru, gona ta yi tsada, saboda haka manomi na matsa kunyarsa taki ɗaya kowace shekara har garma ta haye kan ganuwa. Da shanun huɗa ne, yanzu tarakta ce, wadda ke baje cikin yini ɗaya abin da aka yi shekaru ana tarawa. Mai gini na ganin tsohuwar ganuwa a matsayin jar ƙasa ta kyauta. Gwalalo ya zama juji. Tsofaffin rijiyoyin marina sun cike. Tsingaro da ragowar tama, waɗanda masana ke gane shekarun gari da sana'arsa da su, ana tsince su a watsar gefen gona. Ga kuma masu fasa dutse da nakiya, tifa na shiga tana fita, ba mai tambaya ko akwai kufai ko makabarta a gindin abin da ake fasawa.

Na baya-bayan nan shi ne mafi ciwo. Duwatsu da dazuzzukan da kakanni suka fake a ciki don tsira daga mahara, yau su ne maɓoyar maharan. Da aka sace ɗalibai sama da 300 daga makarantar sakandaren kimiyya ta Ƙanƙara a Disamban 2020, dajin Pauwa na cikin wuraren da aka fara ambata. A Satumban 2021 sai da aka rufe layukan waya a ƙananan hukumomi 13 na jihar, har da Funtua da Malumfashi da Bakori da Faskari da Sabuwa da Dandume. A wasu garuruwa mutane sun koma haƙa rami kewaye da gari suna barin ƙofa ɗaya ko biyu, wato gwalalon da jikoki suka manta ya dawo da ƙarfin tsiya.

Mai karatu zai iya cewa: ana wannan hali wa ke ta tsohuwar ganuwa? Tambayar na da nauyi, kuma ba mai hankalin da zai ce a ɗebi kuɗin tsaro ko na taki a kai wa kufai. Sai dai abin da ake nema ba gini ba ne. Ma'aikatan safiyo ne da turakun siminti, da na'urar ɗaukar hoto daga sama, da 'yan ɗalibai masu rikoda, da ɗan alawus ga mai gadi. Duka-duka bai kai kuɗin kilomita ɗaya na kwalta ba. Kuma ba dole a fara da inda ba ya shiguwa ba. A fara da Maska da Gozaki da makamantansu, Kogo da Pauwa su jira ƙura ta lafa. Rashin tsaron ma shi ne babban dalilin gaggawa, domin idan ƙauye ya tashi, dattawansa suka watsu cikin Funtua da Zariya da Kano, labarin da ke kansu ya tafi ke nan.

Wani zai ce waɗannan duwatsu wuraren tsafi ne na zamanin maguzanci, me Musulmi zai yi da su? Gaskiya ne an yi bauta a kan wasu, Kwatarkwashi ma ta yi suna da haka. Amma rubuta abin da ya faru daban, komawa gare shi daban. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello da kansa, a cikin Infaƙul Maisuri, ya tsaya ya kawo labarin ƙasashen Hausa da sarakunansu na kafin jihadi. Kuma a cikin waɗannan garuruwa ne aka yi masallatai da makarantun allo da zaurukan karatu irin na 'Yandoto. Wanda ya bar kufan ya ɓace, ya haɗa har da tarihin yadda Musulunci ya kafu a yankin.

Sai manomi, wanda shi ne zai ce gonarsa ce, ya gada. Haƙƙinsa ne a saurare shi. Ba a bukatar a tashi kowa. Ɗan zirin da ganuwa ta bi da ƙofofi da makabartu kaɗai za a keɓe, a biya diyya ta gaskiya kamar yadda dokar filaye ta 1978 ta tanada idan gwamnati za ta karɓi fili don amfanin jama'a, a kuma ɗauki mai gadi daga cikin masu gonakin. In an yi da su, su za su tsare. In an yi musu fin ƙarfi, da dare za su ƙarasa abin da ya rage.

Kada kuma a ruɗi kowa da alkawarin Turawa masu yawon buɗe ido. Sukur da ke kan duwatsun Adamawa ta shiga jerin UNESCO tun 1999, amma hakan bai hana Boko Haram kai mata hari a 2014 ba. Ganuwar Kano da ta Surame, birnin Kanta na Kabi, suna jerin masu jiran shiga tun 2007, kuma kowa na ganin yadda gine-gine ke cin ta Kano. Takardar UNESCO ba ta tsare ganuwa. Ribar farko ta gida ce: ilimi ga yara, da sanin abin da ke ƙarƙashin ƙasa. A Durɓi ta Kusheyi, cikin ƙasar Mani, haƙan da aka yi a 1907 da 1992 ya fito da zinariya da kwanonin tagulla da wuri, shaidar cewa Katsina na ciniki da ƙasashe masu nisa shekaru ɗaruruwa da suka wuce. Garuruwan saƙa da rini na kudu sun cancanci irin wannan bincike.

Masu aikin suna nan kusa. Jami'ar Ahmadu Bello, mai sashen binciken kufai, tafiyar awa ɗaya ce daga Funtua. Akwai Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa a Katsina da ta Tarayya a Dutsin-Ma. Akwai Hukumar Tarihi da Al'adu ta Jiha, da Hukumar Gidajen Tarihi ta Ƙasa da aka kafa a 1979, mai gidan tarihi a tsohuwar Kwalejin Katsina. Abin da ya rage shi ne wanda zai haɗa su a tebur ɗaya. Kullum idan za a tallata tarihin jihar, hasumiyar Gobarau da rijiyar Kusugu ake nunawa. Sun cancanta, amma jihar ba ta ƙare a Katsina da Daura ba.

Saboda haka kira na farko ga Gwamna Dikko Umaru Raɗɗa ne: ya sa a yi ƙidayar tsofaffin garuruwa da ganuwoyi da duwatsun tarihi na shiyyar Funtua, da taswirar kowanne, a buga a jaridar gwamnati. Majalisar Dokokin Jiha ta yi dokar da za ta hana ɗibar ƙasa da noma a kan abin da aka keɓe, jihar kuma ta nemi ma'aikatar ma'adinai ta tarayya ta daina ba da lasin fasa dutse a wuraren. Mai Martaba Sarkin Katsina ya umarci Galadima da Sarkin Maska da Sarkin Pauwa da sauran hakiman kudu su tara dagatai da masu unguwanni da dattawa, a naɗi bayanansu kafin wata damina. Shugabannin makarantun Funtua da Malumfashi da Ƙafur da Bakori kuma ba sai sun jira kowa ba: su nemi izinin hakimi, su ɗauki ɗalibai a ranin bana, su kai su su ga inda garuruwansu suka faro.